Amsa ga ƙanena mai ɗaukar talla a Jidda: me fim ɗin gwaji yake nema da kasuwa?

Wa alaikumus salam ƙanena, ka yi haƙuri sai yanzu na samu zama, ka san in azumi ya matso aikin talla ba ya barin mutum ya numfasa. Na karanta tambayarka har sau biyu. Ka ce kai haifaffen nan Jidda ne, kana ɗaukar wa shagunan turare da na abaya da gidajen abinci gajerun bidiyo da waya ana sakawa a Snapchat da TikTok, sai wani abokinka ya ja ka kallon gajerun finafinai aka nuna wani da ba labari ba jarumi, tallace-tallace ne kawai aka yayyanka aka haɗa da hoton bola, ka fito kana cewa wai wannan shi ma fim ne? Sannan ka tambaya in har sukar talla ake yi, kai da kake cin abinci da ita ina matsayinka.

To ni ma da ita nake cin abinci, sama da shekara 15 ina zaune gaban kwamfuta ina montaj, yani yanka hoto da haɗa shi, saboda haka daga cikin ɗakin zan ba ka amsa.

Abin da mutane ba su gane ba shi ne talla ba kasafai take ƙarya da baki ba, da almakashi take yi. Akwai wani ɗan Rasha, Lev Kuleshov, kusan shekara 100 da suka wuce, ya ɗauki fuskar ɗan wasa guda wadda ba dariya ba kuka a cikinta, ya haɗa ta da kwanon miya, ya sake haɗa ta da akwatin gawa, ya sake haɗa ta da hoton mace, masu kallo suka ce kai ga yunwa a fuskarsa, ga baƙin ciki, ga so, alhali fuskar ɗaya ce ba ta canza ba. Ma'anar a tsakanin hotuna biyun take, kuma mai kallo ne yake ƙera ta da kansa. Wannan shi ne jarin talla gaba ɗaya. Ka duba tallar azumi da muke yi duk shekara: fitila, kaka tana murmushi, yara sun zagaye sufura, yani shimfiɗar abinci, an kusa kiran magariba, sai a yanka zuwa kwalbar jan lemo. Ba wanda ya ce maka in ka sayi lemon nan gidanku zai haɗu, da an faɗa da baki sai ka ce ƙarya ne, amma da yake kai ka haɗa da kanka sai ka yarda. Talla mai sakan 30 a talabijin ɗinmu hoto 750 ce, 25 a kowane sakan, kuma wallahi na sha zama da mai kaya muna gardama a kan hoto 4 kacal, a ƙara su ko a rage a kan murmushin kaka kafin kwalba ta shigo.

Fim ɗin gwaji shi ne wanda ya ƙi bin hanyar da aka saba, ba dole labari, ba dole jarumi da mugu, wani lokaci ma ba kyamara. Suna da yawa kuma ba duka ne suke da ruwa da kasuwa ba, wasu haske da launi ne kawai ya dame su. Amma reshen da ka gani, aikinsa ya karɓe almakashin nan daga hannun mai talla ya yanka a inda mai talla ba zai taɓa yankawa ba, don ka ga ɗinkin da idonka.

Kuma kada ka ɗauka wani baƙon abu ne na Turawa. Ka tambayi su Baba labarin 'yan kama, masu ɗaukar waƙar babban mawaƙi ko salon karatun malam su bar muryar yadda take amma su cusa zancen tuwo da miya a ciki, mutane su yi ta dariya saboda sun gane asalin kuma sun ga an juya shi. Ko tashen azumi da yara suke yi a gida, yaro ya rataya tarkace yana kwaikwayon Jatau mai magani yana lissafa cututtukan da maganinsa yake kashewa, duk wanda ya taɓa tsayawa gaban mai magani a kasuwa ya san wa ake nufi. Aron muryar mai sayarwa a juya ta a kansa, mun daɗe da shi. A Faransa wani mai suna Guy Debord da abokansa suka ba wannan dabara suna da yarensu mai ma'anar karkatarwa, ya rubuta littafi a 1967 yana cewa rayuwar zamani ta koma kallo, mutane sun daina rayuwa da kansu sai kallon hoton rayuwa da ake sayar musu, sannan a 1973 ya mayar da littafin fim, kusan duk hotunan na wasu ne, finafinai da labarai da talla, shi kuma yana karatu a kai. Gaskiya fim ne mai nauyin kallo, ba zan ce ka fara da shi ba.

Wanda ya fi sauƙin shiga shi ne Bruce Conner na Amurka. A 1958 ya haɗa fim na minti 12 mai suna A Movie ba tare da ya ɗauki komai da kansa ba, tsofaffin faifan fim masu arha ya saya ya yayyanka, tseren mota, haɗari, yaƙi, bom, duk a jere yadda za ka fara da nishaɗi ka ƙare jikinka a sanyaye. Daga baya ya yi Report, ya gama a 1967, a kan kisan shugaba Kennedy, yana maimaita hotunan ranar yana cusa tallar kayan gida a tsakani, yana nuna yadda talabijin ta mayar da mutuwar mutum haja. Duk wanda ya taɓa kallon labarin yaƙin Sudan a waya, yana tsaka da ganin 'yan'uwa sun baro Khartum da ƙullin kaya a ka sai tallar rangwamen turare ta faɗo, ya san abin da mutumin nan yake faɗa tun kafin a haife mu.

Akwai kuma Peter Kubelka na Ostiriya, labarinsa ya shafe mu ni da kai kai tsaye. Kamfanin giya ne ya ba shi aikin talla, shi kuma ya kawo musu fim na minti 1 a 1958, hotuna suna walƙiya baƙi da fari da ja, da ƙyar za ka gane mutum ne yake ɗaga kofi, kamfanin ya fusata. Sai a 1961 wasu Turawa masu kuɗi suka ɗauke shi ya raka su farauta Afirka ya ɗauko musu abin tunawa, ya riƙe hotunan shekara 5 yana yanka, ya fito da fim da bai kai minti 15 ba, inda ƙarar bindiga da dariyar maharba suke faɗawa daidai kan fuskokin mutanen ƙasar da dabbar da ake fiɗa. Kuɗinsu, tafiyarsu, hotonsu, amma almakashi ya ba da shaida a kansu.

Sai wani ɗan gajere da nake so kowane mai Snapchat ya sani. A 1973 Richard Serra da Carlota Fay Schoolman suka yi bidiyo na kusan minti 7, Television Delivers People, ba hoto ko ɗaya sai rubutu yana hawa a kan shuɗin allo da kiɗa mai sanyi irin na cikin mol, abin da rubutun yake cewa a taƙaice shi ne talabijin ba shiri take sayarwa ba, kai mai kallo kai ne hajar da ake kai wa mai talla. Sama da shekara 50 kenan. Yanzu ka buɗe shafin da kake biyan kuɗin tallata bidiyonka ka ga abin da ake tambayarka, maza ko mata, shekara nawa zuwa nawa, wane gari, me suke so, ka ga ai mutane kake saye da riyal.

Amma wanda ya fi taɓa ni, kuma shi nake so ka nema ka kalla kafin komai, ɗan Barazil ne, Jorge Furtado, fim ɗinsa Ilha das Flores na 1989, sunan yana nufin tsibirin furanni, minti 13. Murya ce irin ta malamin makaranta ko mai talla, fes-fes, tana bin tumatir guda ɗaya. Manomi ya shuka, ya sayar wa babban kanti, wata mata mai sayar da turare ta saya da ribar turarenta, ta je gida ta ga ɗaya ya lalace ta jefa a shara, motar shara ta kai shi juji a wani tsibiri kusa da birnin Porto Alegre, a can mai aladu ya zaɓi abin da ya dace da aladunsa, abin da aladu suka bari sai a buɗe wa mata da yara, goma-goma, minti 5 kowane rukuni. Muryar ba ta canza ba ko kaɗan daga farko har ƙarshe, tana ta bayani kamar tana tallar sabulu, kuma wannan rashin canzawar shi ne yake sa hanjinka ya kaɗa. Ya ci kyauta a bikin finafinai na Barlin a 1990. Abin da ya yi mai sauƙi ne a faɗa: talla tana nuna maka kaya a tsakiyar rayuwarsa kawai, lokacin da yake sheƙi a kan kanta, ta yanke inda ya fito ta yanke inda zai ƙare, shi kuma ya mayar da kan da wutsiyar.

To nan ne nake so ka tsaya ka yi tunani ƙanena, domin kai da wutsiyar nan mu ne muke zaune a cikinsu. Wa yake sauke kwali a bayan mol da asuba? Wa yake wanke manyan tukwanen mandi bayan an tashi daga biki a istiraha, yani gidan da ake haya don taro, yana kallon shinkafa rabin faranti ana juyewa a baƙar leda? Iyayenmu mata nawa ne suka yi shekaru suna tsintar gwangwanin lemo da kwali a unguwannin kudancin Jidda da Makka suna sayarwa a kilo, suka ciyar da 'ya'ya da shi? Binciken da hukumar ƙasar nan ta fitar da kanta ya ce kusan kashi 1 cikin 3 na abinci yana salwanta ko a zubar, abin da ya kai kimanin riyal biliyan 40 a shekara. Ɗan Turai da yake son yin irin wannan fim sai ya nemi izini da tafinta ya je neman bayan kasuwa, kai kuwa hanyar gidanku ce. Ka je Harajin Sawarikh, kasuwar gwanjon nan ta Jidda, ranar Juma'a da yamma ka ga kujerun da aka yi tallarsu shekara 3 da suka wuce suna zube a rana, ka ga inda talla take zuwa ta mutu.

Zan ba ka abin da ya faru da ni wanda ya sa na fara ɗaukar wannan harka da gaske. Muna ɗaukar tallar wani gidan abinci, an jera faranti ya fi 20, an shafa wa kaza mai da buroshi don ta yi ƙyalli a fitila, sai wani dattijo Bahaushe mai goge ƙasa ya gifta ta can baya, mai kula da aikin ya ɗaga hannu ya ce a fitar da shi daga hoto, ba da faɗa ba, kamar dai yadda za a ce a matsar da kujera. Ya matsa. Da aka gama bayan awa 6 abincin ya bushe a ƙarƙashin fitila ba mai ci, shi ɗin dai aka kira ya kwashe ya zubar. Da na zauna montaj na tarar da shi a sakan 2 na farkon wata ɗauka, riƙe da tsintsiya yana kallon teburin, kuma ni da hannuna na yanke shi, don aikina kenan. Sakan 2 ɗin nan na ajiye su har yau, kuma duk abin da na ɗauka na kaina tun daga ranar daga su ya samo asali.

Kuma ba mu kaɗai ba ne a yankin nan muka ga haka. Ahmed Mater, likita ne ɗan Asir da ya koma zane da hoto, a 2013 ya haɗa bidiyo daga abin da ma'aikatan gine-ginen Makka suka ɗauka da wayoyinsu, hoto mai rawa mara kyau, amma shi ne ganin wanda ya gina otal ɗin da ake talla ba ganin wanda zai kwana a ciki ba. Sophia Al-Maria ta Katar ta yi Black Friday a 2016, ta ɗauki mol ɗin Doha ta miƙar da hoton sama ya yi tsawo, da sauti mai firgitarwa, har wurin ya koma kamar wani ɗakin bauta da mutum yake ɓacewa a ciki. Sunan fim ɗin na ranar babban rangwame ne a kantuna, yani Baƙar Juma'a, mu nan an canza wa ranar suna an ce Farar Juma'a saboda darajar Juma'a, amma cunkoson ɗaya ne, ga kuma Tabby da Tamara, manhajojin sayen kaya bashi, sun raba maka kuɗin gida 4 yadda ba za ka ji zafin fitarsa ba sai wata ya ƙare. 'Yan'uwanmu na Sudan kuma suna da Ibrahim Shaddad, fim ɗinsa Jamal na 1981, raƙumi ne an rufe masa ido yana zagaya matsar man riɗi, ba magana ko ɗaya sai kukan itace, ba tallar da ya ambata amma in ka kalle shi ba za ka sake ganin kwalbar mai a bakala, yani kantin unguwa, yadda ka saba ba. A Sanagal Djibril Diop Mambéty ya yi Hyènes a 1992, attajira ta dawo garinsu ta yi alƙawarin dukiya in an kashe mata mai kantin da ya ci amanarta tana yarinya, mutanen gari suka ce Allah ya kiyaye, sannan suka fara ɗaukar kaya bashi, firiji da fanka da sabbin takalma, har bashin ya yanke hukuncin da bakinsu ya ƙi yankewa.

Sai dai akwai gargaɗi, kuma shi ne inda yawancin matasa suke faɗuwa. Talla tana haɗiye duk salon da aka yi don a soke ta. Tun asali ma talla da fim ɗin gwaji a haɗe suke, Len Lye ya yi zane kai tsaye a jikin faifan fim a 1935 ba kyamara, kuma tallar gidan waya na Ingila ce. Fim ɗin Koyaanisqatsi na 1982, wanda ya nuna motoci da mutane suna gudu kamar tururuwa don ya ce rayuwa ta fita daga saiti, salonsa ya zama abincin masu tallar banki da jirgin sama. Logorama na Faransa da aka gina shi da tambarin kamfanoni sama da 2,500 ya ci Oscar a 2010, mutane suka yi ta murna suna neman tambarin da suka sani a ciki. Yanzu ma masu kaya da kansu suke ce min a sa hoton ya ɗan yi rawa, a sa ya yi kamar tsohon kaset, don ya yi kama da gaskiya. Saboda haka in gwajinka bai wuce yanka da sauri da launi mai ban mamaki ba, ka yi musu bincike ne kyauta, wata 6 za ka gan shi a tallar turare.

Abin da na lura talla ba ta iya haɗiyewa shi ne lokaci da kuma mutumin da ba ya sayen komai. Ba mai kayan da zai biya kuɗin minti 4 na hannun tsohuwa tana daddanne gwangwani, ba kiɗa, sai ƙarar ƙarfe da numfashinta. Ido ba mudu ba ne amma ya san kima, in ka bar shi ya daɗe a kan abu zai fara auna shi da kansa, ita kuwa talla duk ƙoƙarinta kada ta bar shi ya daɗe.

Game da matsayinka, ni ban ga laifin sana'arka ba. Talla a Hausa ai kalma ɗaya ce da ta yarinyar da ta ɗora faranti a ka tana kiran mai saye, sanar da mutane cewa kana da kaya ba zunubi ba ne, inda matsalar take shi ne algus, kuma ka san hadisin da Muslim ya ruwaito cewa wanda ya yi mana algus ba ya cikinmu. Ni dai na sa wa kaina iyaka, ba na tallar man bilicin, ba na tallar bashi da aka yi wa kwalliya, ba na ƙara wa faranti abin da mai saye ba zai samu ba. Kuma ka san Fernando Solanas na Ajantina da kuɗin kamfaninsa na talla ya yi fim ɗin sama da awa 4 da suka fitar da Octavio Getino a 1968, wanda a ciki suka haɗa hoton mayanka ana kashe shanu da hotunan talla masu sheƙi, ana nuna shi a ɓoye a gidaje lokacin mulkin soja, a tsayar da na'ura a tattauna sannan a ci gaba. Da ɗan gari akan ci gari, wanda ya san yadda ake ɗinka talla shi ya fi sanin inda zai farke ta.

In za ka fara, ka ɗauki abu ɗaya ka bi shi. Misali tsarabar alhazai, carbi ko darduma ko agogon kiran salla, daga kwalin da aka rubuta ƙirar Chana, zuwa shagon Bab Makka, zuwa jakar Ghana-mas-go da ake dannewa da gwiwa a filin jirgi, sannan ka roƙi wani a gida ya ɗauko maka inda ta ƙare a Kano ko Gusau, a hannun wanda ya karɓa yana shafawa a fuska don daga ƙasa mai tsarki ta zo. Kada ka yi wa kowa dariya a ciki, mai shafawar nan da gaske yake, kuma fim ɗin zai fi ƙarfi in ka girmama shi. Ko ka ɗauki sautin tallar da kai ka yi, muryar nan mai zaƙi, ka ɗora ta a kan hoton bayan kicin ɗin ƙarfe 2 na dare, amma da yardar mai wurin, kuma kada sunan shago ko tambari ya fito, don amana ce ya ba ka.

Ka kula da doka sosai. Ɗaukar mutum da waya ba da izininsa ba a ƙasar nan yana iya kai ka ɗaurin da ya kai shekara 1 ko tarar da ta kai riyal 500,000 a ƙarƙashin dokar laifukan intanet, kuma ka san da yawa daga cikin mutanenmu da suke wannan aiki na bayan fage takardunsu ba su cika ba, fuskar da ka saka a intanet tana iya zama sanadin tarhil ɗin uwar wani, yani a kama ta a fitar da ita daga ƙasar. Ka ɗauki hannu, ƙafa, inuwa, kaya, sauti, ka nemi izini da Hausa a fili ka faɗi inda za a nuna, in ta ce a'a ka kashe waya. Sauti kuma ka ba shi rabin ƙoƙarinka, ka sayi ɗan makirfo ko na riyal 100 ne, domin mutane suna yafe hoto mara kyau amma ba sa yafe iska tana bugun kunne.

Wurin nunawa yanzu akwai, ba kamar lokacin da muka fara ba da babu silima ko ɗaya sai da aka sake buɗewa a 2018. Akwai bikin finafinai na Bahar Maliya a nan Jidda tun 2021 da sashen gajerun finafinai, akwai bikin finafinan Saudiyya da ake yi a cibiyar al'adu ta Ithra a Zahran, ga silimar Hayy Jameel da take nuna irin waɗanda manyan silimu ba sa ɗauka. Amma kafin duk wannan ka fara nuna wa waɗanda suke cikin fim ɗin, a tsakar gida bayan isha, ka ji abin da za su ce a cire. In ka haɗa na farko, kada ya wuce minti 5, ka turo min shi tare da duk abin da ka yanke ka zubar, ina so in ga wannan ɗin ma.